Sunaye Goma Sha Ɗaya a Cikin Waya

Sana'ata rubuta lamba ce. Shekara goma sha huɗu ke nan ina zaune gefen sikeli a kasuwar amfanin gona ta Gadarif, ina rubuta wa wani attajiri abin da ya shigo da abin da ya fita: riɗi da guntar, dawa da ardab, ardab ɗaya kela 12. Duk wanda ya taɓa irin wannan aiki ya san amanar kasuwa a bakin alƙalami take rataye. Manomin da ya sha taɓon damina, ya yi tseren yankan riɗi kafin kwanso ya fashe ya zubar masa da shi a ƙasa, bai san abin da na rubuta ba sai na karanta masa. Da zan so, da sifiri ɗaya zan cinye masa gumin shekara. Tun muna makarantar allo aka tsoratar da mu da Suratul Muɗaffifina, kuma tsoron bai sake ni ba har yau. Na kawo wannan ne domin mai karatu ya gane irin idon da na fara kallon abin da yaranmu suke yi wa wasannin waya da shi.

Na fara cin karo da abin a watan Yunin 2019, lokacin da aka ɗauke intanet a ƙasar nan daga 3 ga wata har zuwa 9 ga Yuli. Babban ɗana, yana da shekara goma sha biyu a lokacin, yakan ari wayata bayan sallar isha'i ya buga wani wasan ƙwallo da ake kira Dream League Soccer. A cikin wasan, kai ne mai ƙungiya. Kana farawa da 'yan wasa marasa ƙarfi da ɗan ƙaramin fili, in ka ci wasa a ba ka 'yan sulalla, da su za ka sayi gwanaye, ka faɗaɗa filin. Na san yaron ya yi watanni yana tara sulallansa kamar mai adashi. Wata rana na leƙa, sai na ga lambar da ke saman allon ta yi tsawon da ban taɓa rubuta irinta ba ko a shekarar da riɗi ya fi tsada. Na tambaye shi inda ya samo. Ya ce wani abokinsa ne ya turo masa fayil ta Xender, waya da waya, ba ruwansu da shabaka. Sunan fayil ɗin profile.dat. A cikinsa ne wasan yake rubuta duk abin da mai wasa ya mallaka. Ka shiga foldar wasan, ka cire naka, ka sa na wani da aka riga aka kumbura lambobinsa, ka buɗe wasan, ka wayi gari attajiri.

Na ce masa wannan algus ne, ba shi da maraba da tauye mudu. Ya dube ni ya ce, "Baba, kowa haka yake yi, muhakkara ake ce mata. Kuma ni wa na cuta?" Na buɗe baki ban sami amsa mai kama jiki ba. A kasuwa akwai manomi a ɗaya ɓangaren sikelin. A nan ba kowa, sai yaro da na'ura. Na bar maganar raina bai kwanta ba. Cikin mako guda ya sayi duk gwanayen da ake sayarwa, ya gina fili mafi girma, ya yi ta cin wasa da bakwai da takwas, sannan ya daina aron wayar ɗungurungum. Da na tambaye shi sai ya ce wasan ya zama lami.

Daga baya na yi wa yaran nan adalci a raina, domin ba lalaci kaɗai ya koya musu wannan sana'a ba. Daga 1997 zuwa 2017 ƙasar nan tana ƙarƙashin takunkumin tattalin arzikin Amurka. Kantin manhajoji na Google Play bai buɗe mana ƙofa ba sai a 2015, bayan an sassauta takunkumin a kan kayan sadarwa, shi ma abin kyauta kawai ake iya ɗauka. Yaro a Landan ko Jidda in ya so sulallan wasa sai ya roƙi katin mahaifinsa. A nan ko uban yana da hali, babu katin da zai yi aiki, domin ba a fara ba da katin Visa a bankunanmu ba sai bayan an cire sunan Sudan daga jerin ƙasashen da Amurka ke zargi da goyon bayan ta'addanci a Disambar 2020. Wanda aka rufe wa ƙofa kuwa, katanga yake dubawa. Haka yaranmu suka koyi shiga cikin hanjin waya: wannan shi ne fayil ɗin girkawa, wancan shi ne babban kaya mai ɗauke da hotuna da sauti, wancan kuma ajiya. Suka san ZArchiver da ake kwance ƙunshi da ita tun ba su iya lissafin kashi cikin ɗari ba. Na fahimci dalilin, amma ban canza hukuncina ba. A wurina, canza lamba canza lamba ne.

A haka nake har Disambar 2023.

Ba sai na tsaya ba ku labarin abin da ya faru da Madani a wancan wata ba. Kowane gida a Gadarif ya shimfiɗa tabarma ga wani, makarantu suka koma masauki, hanyar Fau ta cika da motoci da masu tafiya a ƙasa. Ƙanwata ta iso mana da 'ya'yanta huɗu bayan kwana biyu a kan hanyar da a da ake yin ta tsakanin hantsi da la'asar. Suka zo da kayan jikinsu, da wata jaka ta takardu, da waya ɗaya a aljihun babban ɗanta mai shekara goma sha biyar. Yaron nan na san shi da surutu, mai tsokanar kakarsa har ta jefe shi da takalmi. Wanda ya sauko daga motar ba shi ba ne. Yakan gaishe ni, "Kawu, ina kwana," ya koma bayan guɗɗiyar da muka ba su, ya zauna a inuwa da wayar nan. In caji ya ƙare ya jira wuta, in wuta ta zo ya koma. Uwarsa ta roƙe ni in yi masa faɗa.

Na je da niyyar faɗan. Na tsaya a bayansa bai ji zuwana ba, na ga ƙwallo ce yake bugawa. Na ce a raina, ga wata muhakkarar. Sai idona ya kai kan sunan ɗan wasan da ke riƙe da ƙwallon, a rubuce a ƙasan allo da manyan haruffan boko. Ba sunan Bature ba ne, ba na ɗan Barazil ba. Irin sunan nan ne da kakanninmu suka zo da shi daga yamma, irin su Ɗanladi da Tanko da Ɗanjuma, waɗanda ba ka jin su sai a cikin gida. Ya ba wa na kusa da shi, shi ma laƙabi ne na Hausa tsantsa. Na zauna a ƙasa kusa da shi na ce, "Su wane ne waɗannan?" Ya ce, "'Yan layinmu ne, Kawu."

A ranar ya yi mini magana fiye da duk wadda ya yi tun zuwansa. Ga abin da na koya a bakinsa, na kuma tabbatar daga baya. Kamfanin Sony na Japan ya fito da wata 'yar na'urar wasa ta hannu a 2004, ana kiran ta PSP. An daina ƙera ta da daɗewa. Amma a 2012 wani mutumin Suwidin mai suna Henrik Rydgård ya saki wata manhaja kyauta, PPSSPP, wadda ke sa waya ta yi kamar ita ce waccan na'ura. A kanta yaran suke buga wasan ƙwallo na kamfanin Konami da ake kira PES. Na ƙarshen da aka yi wa na'urar shi ne na 2014, amma masu sha'awa a ƙasashe daban-daban ba su bar shi ya tsufa ba: duk shekara sai su sabunta masa 'yan wasa da riguna su raba wa jama'a. Abin da ya sauƙaƙa musu shi ne wasan da kansa yana da ɗakin gyara. Tun asali Konami ba ta da izinin amfani da sunayen ƙungiyoyi da yawa, sai ta laƙaba musu na aro. Manchester United ta daɗe tana amsa sunan Man Red, Arsenal kuma North London. Magoya baya sai su shiga ɗakin gyaran su mayar wa kowa sunansa na gaskiya. Wannan ya ba ni dariya, ashe har manyan Ingila sun ɗanɗana a rubuta su da sunan da ba nasu ba.

Duk gyaran da aka yi yana zama ne a folda guda mai suna SAVEDATA. Riguna da fuskoki kuwa hotuna ne da ake jefawa a wata foldar, TEXTURES, manhajar ta ɗora su a kan na asali. Wasan bai zo da Hilal ba, bai zo da Marikh ba, balle Kano Pillars. Yaran Sudan ne suka shigar da nasu da hannu. Ɗan ƙanwata ya nuna mini Marikh ɗin da wani ya haɗa, ja da rawaya, na tuna masa cewa ita ce ta ci kofin Afirka na masu riƙe da kofuna a 1989, kuma a hannun Bendel United ta Najeriya ta karɓa. Bai sani ba. A nan ne kaɗai na fi shi ilimi a ranar.

Shi nasa aikin daban ne. Tun 2022, kafin yaƙi, ya share wata ƙungiyar Turai da ba ya so, ya zuba 'yan ƙwallon layinsu a Madani a gurbinta, su goma sha ɗaya da 'yan benci uku. Kowa da lambarsa, da tsawonsa, da kalar fatarsa, da irin askinsa, da ƙafar da yake bugu da ita. Koriyar rigar da suka yi karo-karo suka saya a kasuwa, ya ɗauki hotonta ya gyara ya sa musu. Ya ce wata uku ya yi yana aikin. A makaranta da Larabci ya yi karatu kamar yawancin 'ya'yanmu, ba wanda ya taɓa koya masa rubuta Hausa da boko. Da kunne ya harhaɗa sunayen, kuma allon rubutun wasan ba shi da ƙ ba shi da ɗ, don haka wasu sun fito a karkace. Duk da haka, iyakar sanina, wannan ce Hausa ta farko da yaron ya rubuta da hannunsa. Ba zan kawo sunayen a nan ba, domin masu su ba su ba ni izini ba. Zan kira su da lambobinsu.

Sai na shiga inda ya shafi sana'ata. Kowane ɗan wasa yana da lambobin da ke nuna ƙarfinsa: gudu, bugu, kai, juriya, har zuwa 99. A ɗakin gyara ba mai hana ka cika wa kowa. Na sa ran in ga 99 a jere kamar sulallan ɗana. Sai na ga mai tsaron raga an ba shi tsalle mai kyau amma kamun ƙwallo 58. Lamba tara bugunsa ya haura 80, juriyarsa kuwa ta kasa kai 50. Shi kansa mai aikin, lamba takwas, ya ba kansa gudu 66. Na ce, "Kai da wuƙa da nama suke hannunka, me ya hana ka cika musu?" Ya ce, "Kawu, in na sa masa 99 ai ba shi ba ne. Shi kullum sai ƙwallo ta suɓuce masa sau ɗaya. Wancan kuma bayan hutun rabin lokaci ya gama aiki, sai haki." Ya ƙara da cewa har rigima aka yi a layin a kan lambobin, aka zauna aka yi shawara, wanda bai yarda da nasa ba aka sa shi tsere da wani don a raba gardama.

Ƙungiyar nan ba ta cika cin wasa ba. Ina zaune Barcelona ta zuba musu huɗu. Ya yi tsaki ya ce laifin lamba uku ne, haka yake a fili ma, ba ya komawa baya da wuri. Sai ya yi dariya, ta farko da na ji tun saukarsu.

Na tashi ban yi faɗan ba. A daren nan kakana na wajen uwa ya faɗo mini a rai. Shi da ƙafa ya zo ƙasar nan, da niyyar hajji, ta hanyar da dubbai suka bi: Maiduguri, Abeshe, Jinaina, Ubayyid, har bakin kogi. Ya zauna Maiwurno, garin da Muhammadu Bello Maiwurno ɗan Sarkin Musulmi Attahiru ya kafa da mutanen da suka tsira bayan yaƙin Burmi na 1903. Daga nan neman kuɗin guzuri ya kawo shi gonakin Gadarif, lokacin da noman inji da aka fara a Gadambaliya a shekarun 1940 yake neman hannu. Ya yi hajjinsa, ya dawo, bai koma yamma ba. A takardun hukuma sunan da aka rubuta masa ba shi ne wanda uwarsa ta kira shi da shi ba. Magatakardan da ya tambaye shi bai iya furta sunan ba, ya rubuta wanda ya fi kusa da harshensa, mu kuma muka gaje shi a matsayin sunan kaka. Da yawa daga cikin masu karanta wannan shafi suna da irin labarin a gidajensu. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1957 ta nemi mutum ya nuna cewa shi ko kakanninsa na wajen uba suna zaune a ƙasar tun 31 ga Disambar 1897. Burmi kuwa bayan wannan rana ta zo da shekara biyar da 'yan watanni. Daga baya an matso da shekarar zuwa 1924, sannan 1956, amma tambayar "ku daga ina?" ba ta bi doka ta matsa ba. Mun sake jin ta da ƙarfi a Yulin 2022, lokacin rikicin jihar Nilu Shuɗi, har mutanenmu suka fito kan titi a nan Gadarif da Kasala da sauran garuruwa. Mu mutane ne da suka san zafin a rubuta ka ba daidai ba, ko a ƙi rubuta ka sam. Ga yaro ya sami rajistar da alƙalaminta ke hannunsa, ya rubuta mutanensa da sunayensu na gida, kuma bai ƙara wa kowa ko kela ɗaya ba.

Kakan nawa shi ma yana da tasa rajistar. A cikin gafakarsa akwai wata takarda da ya rubuta da ajami, sunayen waɗanda suka taso tare, da inda aka binne waɗanda ba su iso ba. Na gan ta ina yaro. Wata damina ruwa ya shiga ɗaki, gara ta ƙarasa sauran. Kwafi ɗaya ce tak.

A farkon Fabrairun 2024 layukan waya suka ɗauke a ƙasar baki ɗaya. Wanda bai zauna a nan ba, ba zai gane abin da wannan yake nufi ba. Tun da yaƙi ya fara a 15 ga Afrilun 2023, kuɗin mutane ya koma cikin Bankak, da ita ake sayen gawayi da albasa, da ita 'yan'uwa na waje suke turo taimako. Ba shabaka, ba Bankak. Mai kuɗi a asusu ya zama kamar marar ko sisi. Kasuwarmu ta tsaya cak. A cikin kwanakin nan ƙaramar 'yar ƙanwata ta kwanta da zazzaɓi mai tsanani, mai magani kuma ya ce sai tsabar kuɗi. Abin da ke hannuna ya ƙare a abinci. Muka duba gidan, abin da za a iya mayarwa kuɗi kafin faɗuwar rana wayar yaron ce. Tawa tsohuwa ce mai fasasshen gilashi, ba mai ba da abin kirki a kanta.

Uwarsa ce ta gaya masa. Bai yi musu ba ko kaɗan. Ya miƙo wayar, sannan ya janye hannu ya dube ni ya ce, "Kawu, a bar ni in fitar da su tukuna."

A nan aikin ya cije. Wayar sabuwar ƙira ce, kuma tun daga Android 11, wanda ya fito a 2020, an kulle foldar Android/data yadda wata manhaja ba za ta leƙa kayan wata ba. An yi haka ne don tsare sirrin mai waya, kuma dalili ne mai kyau. Amma yaron, ranar da ya mayar da wasan cikin wannan waya, ya bar manhajar ta ajiye kayanta a can ciki. Ya buɗe ta nan, ya buɗe ta can, folda ta nuna masa ba komai. Ya san dabarun zagayewa, sai dai duk suna bukatar a sauko da wani abu daga intanet. Ya ce mini in aka goge wayar, ko aka cire manhajar kawai, shi ke nan. Hannunsa na rawa. Yarinya na ɗaki tana nishi. Na yi niyyar in ce masa rai ya fi wasa, kuma da na faɗa da ban yi ƙarya ba. Takardar gafaka ce ta riƙe mini harshe.

Muka hau raksha zuwa layin masu gyaran waya. Wani saurayi da nake saya wa caji a wurinsa ya saurare mu, ya jawo wata tsohuwar kwamfuta daga ƙarƙashin tebur, ya haɗa ta da batirin mota, ya sa igiya tsakaninta da wayar. Ta kwamfuta ƙofar a buɗe take. Ya bi folda cikin folda har ya kai, ya kwafe ajiyar da hotunan rigunan ya zuba a 'yar zakira da ba ta kai farcen yatsa ba. Duk ajiyar ba ta kai nauyin waƙa ɗaya ba. Yana aikin yana yi mini nasiha, wai in hana yarana girka wasannin muhakkara da ba a san wanda ya haɗa su ba a wayar da ake ajiye kuɗi, domin wasu ana cusa musu ɓarawo a ciki mai karanta saƙonni da lambobin sirri. Ya ce kuma masu yin algus a wasannin intanet irin su PUBG da Free Fire, inda akwai ɗan Adam a ɗaya ɓangaren, wannan cuta ce tsagwaronta, kamfanonin ma rufe musu asusu suke yi. Na ce masa amsar da na nema tun 2019 ke nan. Bai gane ba. Ya ƙi karɓar ladan aikin, shi ne ma ya sayi wayar, da farashin da bai zalunce mu ba. Kafin magariba an yi wa yarinya allura. Ta tashi, alhamdu lillahi.

Da shabaka ta fara dawowa, saƙonni suka shigo a tare kamar ruwan farko. Yaron yana amfani da tsohuwar wayata a lokacin, mun zuba masa wasan a ciki, tana yi tana sarƙewa. A cikin saƙonnin akwai na rasuwar lamba shida. Ciwo ne ya kama shi a wani ƙauye da suka fake, ba magani kusa. Shekararsa goma sha shida.

Kwana uku bai taɓa wayar ba. A na huɗu ya same ni ina alwala ya ce, "Kawu, ya halatta in riƙa buga wasa da wanda ya rasu? Ko in cire shi?" Ni ba malami ba ne, kuma na ji tsoron in faɗi abin da zai ƙara masa nauyi. Na ce mu je wurin Inna. Mahaifiyata ta haura tamanin, ba ta san fayil ba, ba ta san folda ba. Tana zaune tana gasa bunnin jabana muka yi mata bayani iya yadda za mu iya. Ta sa aka nuna mata yaron a allo. Ta daɗe tana kallon ɗan mutum-mutumin nan mai koriyar riga yana gudu. Sannan ta fara jero wasu sunaye, ɗaya bayan ɗaya, da garuruwansu: wane mutumin Haɗeja, wane na Katagum, wance da ta rasu da ciki kafin Abeshe. Sunayen takardar mahaifinta ne. Ashe ta haddace su tun tana budurwa, saboda yakan karanta su duk daren Juma'a ya yi musu addu'a. Ta kai goma sha bakwai ta tsaya, ta ce saura sun ɓace mata. Na ɗauko littafin awo na rubuta su a shafin baya.

Ta juya ga jikanta ta ce, "Kai ɗan nan, bar shi a inda abokansa suke. Duk ran da ya taɓa ƙwallon ka ga sunansa, ka ce Allah ya jiƙansa." Ya ce, "Inna, shi fa ɗan tsakiya ne, ya fi kowa taɓa ƙwallo." Ta ce, "To, ya yi sa'a."

Bayan sojoji sun karɓe Madani a Janairun 2025, ƙanwata ta koma da 'ya'yanta. Daga cikin goma sha huɗun nan, yaron ya gano inda tara suke: wasu sun koma layin, biyu suna Kasala, ɗaya Bur Sudan, ɗaya ya tsallaka Masar. Uku har yau ba labari. Ya tura wa kowa fayil ɗin ta WhatsApp, ya bar mini zakirar, ya sa na yi masa alkawarin kwafe ta a wuri biyu. Ɗaya tana cikin akwatin da nake ajiye rasiɗan riɗi, ɗaya a wayar ɗana, wanda yanzu ya dawo buga ƙwallo, da ƙungiyar da ba ta cika cin wasa ba.

Makon jiya ya kira ni daga Madani ransa a ɓace. Wai lamba tara, wanda ke Kasala, ya buɗe nasa kwafin ya ɗaga juriyarsa daga 48 zuwa 75, yana cewa shekara biyu yana dakon kaya a tasha, yanzu ba ya haki. Sauran sun rabu biyu. Wasu sun ce a yarda da shi, wasu sun ce ba a canza lamba sai an ga mutum a fili. Suna so ni in raba gardamar, tunda aikina ke nan. Na ce ni ban taɓa rubuta nauyin buhun da ban ga an ɗora a sikeli ba. An tsayar da magana a kan cewa zai zo Madani da babbar salla, a sa shi ya zagaye filin layin sau goma, ana ƙirgawa.